Wasiƙa ga Aminina Kan Buɗe Gem Sau Biyu a Kwamfuta Ɗaya

Assalamu alaikum, mutumina,

Saƙonka na murya ya iso, kuma na ga in na ce zan amsa ta waya, kati zai ƙare ba mu kai ko'ina ba. Shi ya sa na zauna na rubuto. Ka nemi wuri mai inuwa, don da ɗan tsawo.

Wato dai har yanzu kana nan liƙe da Diablo II. Gem ɗin da ya fito a 2000, ga furfura ta fara leƙo maka a gemu, amma ba ka gaji da kashe dodanni ba. To, ba laifi, kowa da kiwon da ya karɓe shi. Ka ce akwatin ajiyar jarumarka ya cika, ka tsinci wani sulke da ya fi dacewa da ɗaya jarumin naka, sai ka yi dabarar buɗe gem ɗin karo na biyu don ka miƙa wa kanka da kanka. Kana dannawa ya fito maka da ɗan saƙo cewa kwafi ɗaya kaɗai ke iya aiki a lokaci guda. Har kana tambaya ko laftof ɗin ce ta tsufa. Ka bar baiwar Allah ta huta, ba ta da laifi. Gem ɗin da aka yi shi don kwamfuta mai megabait 32 na ram, laftof ɗinka za ta iya ɗaukar kwafinsa da yawa ba ta ko yi gumi ba.

Windows ma ba ruwanta. Ka gwada buɗe Notepad ko kalkuleta sau uku, za ka ga sun jeru lafiya lau, kowanne da nasa wurin a ƙwaƙwalwa, ba wanda ya san da zaman wani. Gem ɗin ne da kansa yake dubawa kafin ya tashi. Ka san yadda mai shiga wanka a gidajenmu yake rataya zane ko tawul a bakin ƙofar banɗaki. Babu kwaɗo, babu sakata, amma duk wanda ya zo ya gani ya san da mutum a ciki, sai ya juya. To, haka abin yake. A gem da yawa, kwafin farko yana tashi sai ya yi rajistar wata 'yar alama mai suna a wurin Windows, masu rubuta manhaja suna ce mata miyuteks. Kwafi na biyu ya zo zai yi rajistar sunan nan, Windows ta ce masa ai an riga ka, sai ya rufe kansa. Wasu gem ba su ma wahalar da kansu da wannan, suna leƙawa ne kawai su ga ko akwai wata taga a buɗe mai ɗauke da sunansu. Wasu kuma ɗan fayil suke ajiyewa a folda, in sun tashi rufewa su goge shi. Irin waɗannan na ƙarshe su ne masu ban haushi a ƙasar da ake ɗauke wuta ba sallama: kwamfuta ta mutu ba a goge fayil ɗin ba, gobe ka zo buɗewa gem ya rantse maka yana kan aiki alhali babu kowa.

Kada ka ɗauka mugunta ce ta sa suka yi haka tun farko. Ka tuna irin kwamfutocin da muka fara taɓawa. Ka danna abu, ya yi shiru kamar bai ji ba, ka ƙara dannawa, ka ƙara, can sai su taso gaba ɗaya su shaƙe injin. Gem na wancan zamani kuma yana ƙwace fuskar kwamfutar baki ɗaya da na'urar sauti, ba ya son kishiya. Babbar matsalar ma ita ce ajiya. Idan kwafi biyu suna rubutu a fayil ɗaya, wanda ya rufe a ƙarshe shi ne zai danne aikin na farko, wani lokaci ma su cakuɗa fayil ɗin ya lalace, ba mai iya buɗe shi. Mai rubuta gem ya ga maimakon ya zauna warware duk wannan, gara ya rubuta layi biyar ya ce ɗaya kawai. Daga baya ne, da wasa ya koma intanet, maganar kuɗi da adalci ta shigo.

Yanzu ga yadda ake wucewa. Zan fara da wadda ba na so ka bi. A tsofaffin fitowar Diablo II binciken nan yana zaune ne a cikin wani fayil mai suna d2gfx.dll, mutane kuma sun daɗe suna yaɗa wanda aka yi wa gyara, ka sauke ka maye gurbin na asali da shi, shi ke nan. Yana aiki, ba na musu. Amma irin wannan fayil manhaja ce mai cikakken iko, duk abin da aka cusa a ciki zai gudana da izininka. Ba ka san hannun wa ya biyo ba kafin ya iso gare ka. Kai kuma na sani a kan laftof ɗin nan kake shiga banki, a nan takardun shago suke. Ɓarayin kalmar sirri sun fi kowa sanin cewa ɗan gem mai zumuɗi ba ya karanta gargaɗi, shi ya sa suke son ɓoye kayansu a irin waɗannan kyaututtuka. Ban da haka ma, tun fitowa ta 1.14 a 2016 kamfanin ya haɗe waɗannan fayiloli cikin babban fayil ɗin gem, don haka idan taka sabuwa ce tsohuwar dabarar ba ta da wurin zama.

Wadda na fi natsuwa da ita ita ce Sandboxie. Wani mai suna Ronen Tzur ne ya fara ta a 2004, ta bi ta hannun kamfanoni har ta kai ga Sophos, su kuma suka saki asalin rubutunta ga kowa a 2020. Yanzu ana ci gaba da ita da sunan Sandboxie-Plus. An yi ta ne don tsaro, don ka gwada manhajar da ba ka yarda da ita ba a cikin wani keɓaɓɓen wuri, duk ɓarnar da ta yi ta tsaya a can. Sai 'yan gem suka lura cewa abin da ke cikin keɓen nan ba ya ganin alamar da na waje ya kafa. Ka buɗe kwafin farko yadda ka saba, na biyu ka buɗe shi ta cikin Sandboxie, kowanne ya ɗauka shi kaɗai ne a duniya. Za ka gane na cikin keɓe da wani zagaye mai ruwan ɗorawa da ke bayyana a gefen tagarsa. Sai dai ka buɗe kunne a nan, don nan ne ake kuka. Duk abin da kwafin cikin keɓe ya rubuta, a cikin keɓen yake tsayawa, ba ya taɓa ainihin foldarka. Ma'ana jarumin da ya karɓi sulken a can, ajiyarsa tana can. In ka share keɓen ba ka fito da fayil ɗin ba, sulke ya bar hannun mai bayarwa, bai kuma isa hannun mai karɓa ba. Ko dai ka ba Sandboxie izinin rubutu kai tsaye a foldar ajiya, ko ka riƙa dawo da fayil ɗin da hannu bayan kowane zama.

Akwai wasu hanyoyin. Kana iya buɗe wa kanka mai amfani na biyu a Windows, ka kunna gem a nan, ka sauya zuwa can ka kunna wani, don sau da yawa alamar ba ta ƙetare iyakar zaman kowane mai amfani. Yana yi, amma kai-komon zai ishe ka. Kana kuma iya gina kwamfuta ta ƙarya a cikin ta gaske da VirtualBox, tsohon gem irin naka zai zauna a ciki ba matsala, sai dai aikin ya fi ladan yawa. Masu buga sabon Diablo II: Resurrected kuwa wata 'yar manhaja suke amfani da ita, Process Explorer, wadda Mark Russinovich ya rubuta, tana ƙarƙashin Microsoft tun 2006. Da ita suke neman alamar da kwafin farko ya kafa su cire ta, sannan su kunna na biyu. Ba a canza komai a fayilolin gem, amma sai an maimaita duk lokacin da aka tashi.

To, an ce taga biyu sun buɗe. Ga sauran aikin. Ka je gajeriyar hanyar gem ɗin da ke kan fuskar kwamfuta, ka shiga bayananta, a ƙarshen layin da ke nuna inda gem yake ka ƙara -w don ya buɗe a taga maimakon ya cinye fuska duka. Na biyun ka ƙara masa -ns, ya yi shiru, in ba haka ba kiɗa biyu za su haɗu su sa maka ciwon kai. A kwafin farko ka shiga wajen wasan jama'a, ka zaɓi TCP/IP, ka zama mai masauki. A na biyu ka zaɓi shiga wasan wani, inda aka nemi adireshi ka rubuta 127.0.0.1. Wannan lamba a kowace kwamfuta ta duniya tana nufin ita kanta kwamfutar, don haka ba ka bukatar data, ko kobo ba za ka kashe ba. Jarumanka biyu za su tsinci kansu a sansani ɗaya, wannan ya zubar da kaya a ƙasa, ka danna Alt da Tab, wancan ya ɗauka. Ka buɗe wasan a matakin farko mafi sauƙi, don sabon jarumi ba shi da izinin shiga na sama. Kada kuma ka buɗe jarumi ɗaya a taga biyu. Sannan ka sani taswirar da jarumin ya saba da ita za ta canza bayan ya shiga irin wannan wasa, in kana da wadda kake ji da ita sai ka yi tunani tukuna. Kafin komai dai, ka kwafi foldar ajiyar gaba ɗaya ka sa a filashi.

Na san ka, kana karanta wannan layin na ƙarshe idonka ya yi haske. E, gaskiya ne, in ka kwafi ajiya, ka miƙa sulke, ka dawo da tsohuwar ajiyar, sulke ya zama biyu. Ba wanda zai kama ka, ba kuma wanda ka cuta, tunda gem ɗinka ne a kan kwamfutarka. Amma ni dai na lura daɗin Diablo gaba ɗaya yana cikin jiran abin da bai faɗo ba tukuna. Ranar da komai ya zama biyu-biyu, sati ba zai zagayo ba za ka ajiye shi. Ruwanka.

Wannan wahala da kake sha, ka sani tsohuwa ce. Akwatin ajiya na ainihin gem ɗin gida 24 ne kacal, ƙarin Lord of Destruction na 2001 ya mai da shi 48, kuma babu akwatin da jarumai ke tarayya a kai. Shi ya sa 'yan wasa suka riƙa ƙirƙirar jarumai na musamman da ba sa yaƙi, aikinsu ɗaukar kaya kawai, har suna ce musu alfadarai. A Battle.net, filin wasan intanet na kamfanin, wanda ba shi da kwafi na biyu sai ya buɗe wasa mai kalmar sirri, ya zauna wasu mintuna don wasan ya kafu, ya zubar da dukiyarsa a ƙasa, ya fita da gudu, ya dawo da alfadarinsa yana addu'a wasan bai rufe ba. In intanet ta yi gardama a daidai lokacin, aikin watanni ya tafi. Hanya mafi aminci ita ce ka samu aboki ya tsaya a cikin wasan ya tsare maka kaya har ka dawo, kuma an sha ganin abota ta watse a kan zobe ɗaya. Masu hali sai suka riƙa sayen gem ɗin karo na biyu, don a intanet kowane kwafi sai da lambar faifansa daban. Sai a Satumban 2021, da Resurrected ya fito, aka sa akwatin tarayya, bayan shekara 21. Abin dariyar, a wannan sabon ne kuma suka cire TCP/IP ɗin da na gama koya maka yanzu.

Kusan duk abin da na faɗa zuwa nan, maganar gem ne da kake bugawa kai kaɗai. Da zarar ka shiga filin da wasu mutane suke, lissafi ya canza, domin akawun ɗinka yana hannun kamfani, kuma in sun rufe shi babu kotun da za ka kai ƙara ta saurare ka da sauri. Kowane kamfani kuma da nasa ra'ayin.

Ka ɗauki World of Warcraft, wanda Blizzard ta fitar a 2004. Ana shiga kogunan dodanni ne mutum biyar-biyar. Sai wasu suka ce me zai sa in jira mutum huɗu, suka biya akawun biyar, kowanne kusan dala 15 a wata, suka buɗe taga biyar. Wannan kaɗai bai dami kowa ba. Abin da ya kawo rigima wata irin manhaja ce da ke ɗaukar dannawa ɗaya ta aika ta ga dukkan tagogin a lokaci guda. Mutum ya taɓa maɓalli ɗaya, matsafa biyar su sako maka tsawa a daƙiƙa ɗaya, ka faɗi kafin ka san daga ina. Wasu kuma suka riƙa yawo da garken jarumai suna tsinke ganyayen magani, suna zuba su a kasuwar gem har farashi ya karye, mai tsinka da hannu ɗaya ya rasa riba. Shekara da shekaru kamfanin yana cewa ba laifi, tunda akwai mutum a zaune yana dannawa. Masu ƙorafi kuma suna cewa ai dole ku ce haka, kuɗin wata biyar kuke karɓa daga mutum ɗaya. A Nuwamban 2020, dab da fitowar ƙarin gem ɗin mai suna Shadowlands, suka haramta irin wannan manhaja, a 2021 kuma suka haɗa da na'urorin da ke yin aikin. Amma ka lura, ba su hana mallakar akawun da yawa ba. Abin da suka hana shi ne dannawa ɗaya ta yi aiki a wuri fiye da ɗaya.

EVE Online ya riga su. Wannan gem ne na jiragen sararin samaniya da kamfanin CCP na ƙasar Aisilan ya fitar a 2003, kuma a can buɗe akawun da yawa kamar al'ada ce. Ɗaya yana haƙar ma'adini, ɗaya yana jigila, ɗaya an ajiye shi a bakin ƙofar shiga yana leƙen abokan gaba. Da yake ana iya biyan kuɗin wata da kuɗin cikin gem ta hanyar abin da suke kira PLEX, sai kowane ƙarin jirgi ya riƙa ciyar da kansa. Duk da haka, daga 1 ga Janairun 2015 suka hana aika dannawa ɗaya ga tagogi da yawa. Masu akawun na kyauta kuma ba a yarda su buɗe fiye da ɗaya a lokaci guda ba. EverQuest na 1999 ya bi wata hanyar daban a wasu filayensa: kana iya buga jarumi biyu, amma kowanne sai da kwamfutarsa ta gaske. Valorant kuwa kada ma ka soma. Mai gadinsa, Vanguard, yana tashi ne tare da Windows tun daga tushe, kuma ba ya yarda a kunna gem ɗin a kwamfutar ƙarya. Steam ma ka san halinsa, kwafi ɗaya da ka saya mutum ɗaya ne zai buga shi a lokaci guda, ko da a tsarin iyali da suka sabunta a 2024. Ni a ganina layin da Blizzard da CCP suka ja daidai ne. Wanda ke tsalle tsakanin taga biyu da yatsunsa yana biyan farashi, hankalinsa a rabe yake, yana kuskure kamar kowa. Wanda manhaja ke ninka masa hannu kuwa ya shigo fili da abin da sauran ba su da shi.

Yanzu bari in faɗa maka abin da na daɗe ina lura da shi, ka yarda ko kada ka yarda. Kusan duk inda ka ga mutum ya buɗe kwafi na biyu, gurbin wani mutum yake cikewa. A EverQuest mayaƙi ba ya rayuwa sai da mai warkarwa a bayansa, in dare ya yi babu kowa sai ya kunna tsohuwar kwamfuta ya zama mai warkar da kansa. A Diablo, kwafi na biyu shi ne abokin nan mai tsare kaya. Misalin da ya fi fitowa fili shi ne Pokémon. Satoshi Tajiri da kamfaninsa Game Freak sun fitar da shi a Japan a 1996 kashi biyu da gangan, kowane kashi an cire masa wasu halittu, ta yadda ba za ka cika tarinka ba sai ka nemi wani yaro mai ɗaya kashin, kun haɗa Game Boy ɗinku da igiya kun yi musaya. Wasu halittun ma, irin su Kadabra da Haunter, ba sa rikiɗa zuwa matakinsu na ƙarshe sai an yi musayarsu. An gina gem ɗin ne don ya tilasta maka fita neman aboki. Me mutane suka yi? Suka sayi Game Boy biyu. Yau kuma suna buɗe taga biyu a manhajar kwaikwayo irin mGBA, su haɗa igiyar ƙarya, hannun dama ya yi ciniki da na hagu.

Ba ina zargin kowa ba ne, wani lokaci da gaske babu abokin. Amma ka gwada yaƙi da jarumi biyu a Diablo ka gani, ba miƙa kaya kawai ba. Windows taga ɗaya take ba wa kibod da linzami, wadda ke gaba. Kana can kana gyara wa wannan tsayuwa, ana nan ana cin wancan. Taura biyu ba ta taunuwa, Malam. Kai kuma ga ƙaninka nan a ɗakin zaure tun da aka yi hutun jami'a, kullum yana tsaye a kanka yana ba ka shawarar da ba ka tambaya ba. Ka ba shi jarumi na biyun mana.

A nan kuma shawarata kada ku matsa wa laftof ɗaya. Akwai manhaja ta kyauta mai suna Nucleus Co-op da aka yi don wannan: tana buɗe gem sau biyu, ta raba fuska gida biyu, ta ba kowane kwafi nasa hannun gem ko kibod, ta haɗa su kamar suna kan kwamfutoci daban. Aiki ne mai kyau, mutane suna buga irin su Left 4 Dead 2 da Borderlands 2 da ita. Amma kowane gem sai an rubuta masa nasa tsarin, saitin yana cin lokaci, kuma rabin fuskar laftof mai inci 14 sai ku yi ta gware da kai. Tsohuwar kwamfutar nan ta shago da kuka jingine, in dai tana tashi, ta isa ta ɗauki Diablo II. Ku haɗa su da igiyar intanet ko ku hau wayfai ɗin waya ɗaya, mai masauki ya duba adireshin da gem ya nuna masa, ɗayan ya rubuta shi a madadin 127.0.0.1. Wasan yana ɗaukar har mutum takwas, kuma dodanni suna ƙara ƙarfi da yawan mutane, abin da suke zubarwa ma yana ƙaruwa. Yara dai a nisanta su, gem ne na manya, jini da aljanu sun yi yawa a ciki. Su ƙwallo ta ishe su, ita kuwa ba ta taɓa bukatar kwafi biyu ba, hannu biyu kawai za ka saya, kamar yadda ake yi a kowane shagon gem na unguwa.

Ka kuma tambayi na waya. Wannan ai mu ne gwanaye, mutanen da suka rungumi waya mai layi biyu tun kafin wasu ƙasashe su san amfaninta. Tecno tana da App Twin, Infinix tana da XClone, Samsung tana da Dual Messenger, Xiaomi tana da Dual Apps. Yawanci don WhatsApp da Facebook aka yi su, ba kowane gem suke karɓa ba. Ko sun karɓa, waya ba kamar kwamfuta ba ce: wanda ka tura baya yakan tsaya cak, wani lokaci ma Android ta kashe shi don ta samu wuri. Saboda haka akawun biyu ne kake ziyarta bi da bi. Masu son su gudana tare da gaske sukan koma kwamfuta su yi amfani da BlueStacks, wadda ke buɗe wayoyin ƙarya da yawa a jere. In Clash of Clans ne yaron wajenka yake nufi, ba ya bukatar ko ɗaya daga ciki, Supercell ID yana barin mutum ya sauya tsakanin ƙauyukansa a cikin gem ɗin. Gem na harbi irin Free Fire da PUBG kuwa ka ce masa ya bar su yadda suke, masu gadinsu ba su da haƙuri da duk wata manhaja da ta naɗe gem a cikinta, kuma akawun ɗin da ya sha wahala a kai ne zai tafi.

Saura maganar zafi, tunda bazara muke ciki. Tsohon Diablo ba zai dame ka ba. Amma in wata rana ka koma Resurrected, shi mafi ƙarancin abin da yake nema gigabait 8 ne na ram, kwafi ɗaya ke nan, ga Windows ma tana cin nata. Laftof da ba ta da katin hoto na daban kuma daga cikin ram ɗin nan take yankar na hoto. In wuri ya ƙare sai ta fara juye kaya a faifai, komai ya riƙa tafiya da ƙyar. Firosesa kuma in ta yi zafi da kanta take rage gudu don kada ta ƙone, sai ka ga gem ya fara lafiya, bayan minti ashirin yana rarrafe. Ka danna Ctrl da Shift da Esc tare, ka duba nawa kwafi ɗaya ke ci kafin ka ƙara na biyu. Wanda ke baya ka rage masa kyawun hoto da yawan hotunan da yake zanawa a daƙiƙa, tunda ba kallonsa kake ba. Kuma don Allah ka daina ɗora ta a kan katifa, ramukan iskar a ƙasa suke.

Ka turo mini abu biyu in ka samu sarari: lambar fitowar gem ɗin, tana rubuce a ƙasan shafin farko, da kuma yawan ram ɗin laftof ɗin. In akwai gurbin ƙari a cikinta, ka sa a duba maka a shagunan kwamfuta na Beirut Road, amma ka tafi da ita a gwada a gabanka kafin ka biya. Ka gaida Hajiya da kyau, ka ce mata ina nan tafe bayan salla in Allah Ya yarda. Ka shafa mini kan auta. Ƙaninka kuma ka ce masa ya zaɓi jarumi mai kiran ƙwarangwal, ya fi sauƙi ga sabon shiga, su za su yi masa yaƙin yana biye.

Wassalam.

Naka har kullum,
Amininka